Hukuncin rubuta labarin da ake juya duniya da furucin baki

Tambaya: Assalamu alaikum, Allah ya gafarta Malam. Ni marubuciya ce, ina rubuta ƙagaggen labari a kan wata duniya da na ƙirƙira. A cikinta kowane sauti yana da ƙarfi: wanda ya iya haɗa sautuka, in ya furta su sai dutse ya narke ko kogi ya tsaya cak. Na ma tsara musu ƙa'ida, cewa mai yawan furuci muryarsa takan dusashe har ya bebance. Wata ƙawata ta ce sihiri nake koyarwa. In ci gaba ne ko in bari?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. 'Yar'uwa, Allah ya saka miki da alheri da kika tambaya tun kafin littafin ya fita, domin rubutu in ya shiga hannun mutane ba ya kiranyuwa.

Ƙagaggen labari shi kansa ba ƙarya ba ne a shari'a, matuƙar mai karatu ya san ƙagowa aka yi. Ƙaryar da aka hana ita ce ka ba mutum labarin abin da bai faru ba don ya ɗauka ya faru. Hariri, malamin adabin Larabci wanda ya rasu a 516 bayan Hijira, ya gina littafinsa na labarai mai suna Maƙamat a kan mutanen da ba a taɓa haifa ba, kuma malamai suka yi ta karantar da shi suna masa sharhi. Akwai malaman da suka ƙyamaci ƙagaggun labarai gaba ɗaya, ina girmama ra'ayinsu, amma halacci shi ne abin da na rinjayar. Ambaton sihiri a labari ma bai zama sihiri ba; Alƙur'ani ya ba mu labarin matsafan Fir'auna da igiyoyinsu da sandunansu.

Inda nake so ki tsaya ki yi tunani shi ne tushen ƙarfin da kika ba sautin. Wanda zai ce wa abu "kasance" ya kasance, Allah ne shi kaɗai, kamar yadda ya zo a aya ta 82 cikin Suratu Yasin. Idan a labarinki sauti wani sababi ne cikin sababan waccan duniyar, kamar yadda wuta ke ƙonawa a tamu, yana da iyaka, mai shi yana gajiya yana kasawa, to wannan da sauƙi. Ƙa'idar dusashewar muryar nan ta yi mini daɗi, don tana nuna mai furucin bawa ne mai rauni. Amma idan jaruminki yana halitta daga babu, yana raya matacce da ikon kansa, yana sanin gaibu, ko yana kiran wani aljani ko tauraro yana durƙusa masa kafin ƙarfin ya sauko, kuma labarin yana ƙawata haka, wannan haramun ne, ko da an ce ai wasa ne. Sihiri na cikin zunubai bakwai masu halakarwa a hadisin Abu Huraira da Bukhari da Muslim suka ruwaito, kuma aya ta 102 a Suratul Baƙara ta danganta koyar da shi da kafircin shaiɗanu.

Kada kuma ki ɗauka wannan tunani baƙo ne. An daɗe da samun masu da'awar cewa haruffa suna da asiran da ake sarrafa halitta da su, suna lissafa su suna zana hatimai. Ibn Khaldun, masanin tarihi wanda ya rasu a 808 bayan Hijira, ya ware wa wannan fanni babi a littafinsa Muƙaddima, ya kuma sanya shi cikin nau'in sihiri. Don haka kada ki je littattafan masu wannan sana'a ki kwaso surkulle ko sunayen aljanu wai don labari ya yi armashi. Yaro zai karanta, ya rufe ɗaki, ya maimaita kalmomin da bakinsa ya ga ko za su yi aiki. In kalmomin naki ne da kika ƙaga, bai faɗi komai ba. In na matsafa ne na gaske, ke kika sa su a bakinsa. Mafi aminci ma ki ce "ya furta sautin" ki wuce, ba sai kin rubuta lafazin ba.

Haka nan ayoyin Alƙur'ani da sunayen Allah ba kayan ado ba ne da za a mayar da su makamin jarumi. Ruƙya gaskiya ce, Annabi (SAW) ya halatta ta muddin babu shirka a ciki, kamar yadda Muslim ya ruwaito daga Auf bin Malik. Sai dai ita roƙo ce: bawa ya karanta, Allah ya warkar in ya so. Cakuɗa ta da tsarin da duk wanda ya furta dole abu ya auku, gurɓata aƙida ne.

Saboda haka ki ci gaba da rubutunki bisa waɗannan sharuɗɗa. Babin da kika ga ya ƙetare su, ki gyara shi ko ki cire shi, kuma kafin ki fitar da littafin ki ba wani mai ilimi ya duba miki. Ƙawarki kuma ki gode mata, kishin addininki ne ya sa ta magana. Wallahu a'alam.