Amsar tambayar tsoffin hotunan dalar gyada

Assalamu alaikum jama'ar gida. Ƙanena da ya yi tambaya jiya da dare, wai yana haɗa fim kan dalar gyadar Kano, ko zai iya sauko da tsoffin hotuna daga YouTube ya zuba kawai. To, rubutu zai yi tsawo, bari in faɗa da baki.

Sa su kam dole ne, don dalar nan babu ita yanzu. Dattijo zai yi minti 10 yana ba ka labari, amma yaron yau sai ya ga leburori suna hawa da buhu a ka sannan zai yarda tsayin ya kai haka.

Sai dai fa ka tambayi kanka, wa ya riƙe kyamarar? Yawancin hotunan Arewa kafin 1960 Turawa ne suka ɗauka. A 1939 Ingila ta kafa Colonial Film Unit, wato sashen shirya finafinai na mulkin mallaka, William Sellers ne ya shugabance ta, wanda dama ya yi aikin kiwon lafiya a Najeriya yana yawo da majigi. Wato hotunan talla ne, ka gane? Ana nuna wa duniya mulki yana tafiya daidai. Za ka ga dala, ka ga jirgin ƙasa zai yi Legas da kaya. Manomin da ya noma gyadar don ya biya haraji, da matar da ta ɓare ta, da ƙyar ka gan su. To nan ne aikinka yake. Ka sa hoton Bature, ka ɗora muryar tsohon manomin Dawakin Kudu ko Bichi a kai, mai kallo ya ji inda suka saɓa.

Kuma don Allah kada a yi abin nan da ake yi, a ɗauko hawan dabar Kaduna na 1956, na zuwan Sarauniyar Ingila, a ce na FESTAC ne, bikin al'adun baƙar fata na 1977. Doki doki ne, in ji su. A'a. Ka rubuta shekara da wuri a ƙasan hoton, in ba ka tabbatar ba ka bar shi.

Maganar YouTube kuma, British Pathé, ma'ajiyar tsoffin finafinan labarai ta Ingila, ta zuba finafinai kusan 85,000 a 2014. Kallo kyauta ne, amma sa wa a fim ɗinka sai da izini da kuɗi. In ka yi gaban kanka, ranar da za ka kai bikin baje kolin finafinai takarda za su nema.

Ka leƙa ma'ajiyar finafinai ta ƙasa da ke Jos ma. Fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, an ɗauka ya ɓace, sai a 2016 aka tsinto shi a Legas, aka gyara a Jamus. Ka turo min waɗanda ka gani ta bayan fage, in duba maka na waye.