Tambaya da Amsa: Dattijon Fotugal da ya haura shekara 100 yana shirya fim

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni mai ɗaukar bidiyon biki da suna ne a unguwar Bagalam, nan Maraɗi. Shekara 12 da suka wuce na shirya fim guda da kuɗina, bai yi kasuwa ba, na koma bukukuwa. Yanzu shekarata 54. Abokina ya ce akwai wani darakta a Fotugal da ya wuce shekara ɗari yana aiki. Gaskiya ne, ko lallashina yake yi?

AMSA: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Abokinka gaskiya ya faɗa maka. Sunan mutumin Manoel de Oliveira. An haife shi a birnin Porto ranar 11 ga Disamba 1908, ya rasu ranar 2 ga Afrilu 2015 yana da shekara 106, kuma har a 2014 sai da ya fitar da wani gajeren fim.

Tsawon rai na Allah ne. Abin da ya shafe ka a labarinsa shi ne dogon zaman jiran da ya yi. Ya fara a 1931 da fim marar sauti na kusan minti 20, kan masu dako, masu jiragen ruwa da shanun amalanke a bakin kogin Douro, kogin garinsu. A 1942 ya fitar da dogon fim na farko, Aniki-Bóbó, labarin yaran unguwa. Na kalle shi a kwamfuta da rubutun Faransanci a ƙasa, wallahi sai na tuna yaranmu masu faɗawa gulbi da damina, iyaye na ta faɗa. Amma mutanen zamaninsa sun juya wa fim ɗin baya, ya yi asara.

Daga nan bai sake dogon fim ba sai 1963. Shekara 21 ke nan! Gwamnatin kama-karya ta Salazar, mai mulkin Fotugal a lokacin, ce ke riƙe da izini da tallafi, labaran da ya rubuta suka yi ta kwana a akwati. Ya koma kula da gonar inabi, amma bai saki sana'ar ba: a 1955 ya je Jamus koyon ɗaukar fim mai launi. A 1963 ƴan sandan ciki suka tsare shi na wasu kwanaki.

Sai bayan juyin mulkin Afrilu 1974 da ya kifar da gwamnatin kama-karyar, ya riga ya haura 65, ƙofa ta buɗe sosai. Daga 1990 kusan kowace shekara da sabon fim. An karrama shi a bikin finafinai na Venis ta Italiya a 1985 da 2004, sannan a Cannes ta Faransa a 2008.

Ba zan ɓoye maka ba, ɗan'uwa, shi ɗan masu masana'anta ne, har tseren mota ya yi da ƙuruciya, kai kuwa da kyamarar nan kake ciyar da iyali. Saboda haka kar ka bar bukukuwa, kar ka sayar da fili don fim. Yi abin da ya yi a farko: minti 20 kan abin da ke ƙofar gidanka. Ga masu lambu a bakin Gulbin Maraɗi da rani, ga masu dako a babbar kasuwa, ga ƴan kabu-kabu. Wa ya fi ka sanin fuskokinsu?

Wani abu nasa da har yau yake taɓa ni: yana da shekara 73 bashi ya tilasta masa sayar da gidan da ya yi kusan shekara 40 a ciki. Ya ɗauki gidan ɗaki-ɗaki a fim, ya ba da wasiyya kar a nuna wa jama'a sai bayan ransa. Fim ɗin ya yi jira sama da shekara 30, aka haska shi a 2015.