Injin Haske Mai Juya Lokaci

Tambaya: Malam, ina rubuta ƙagaggen labari, a ciki akwai injin da ke aiki da haske yana mayar da lokaci baya. Yaya zan tsara shi ya shiga hankali?

Amsa: Malama, ki ba shi sassa uku: madubai 6 masu tara hasken rana, lu'ulu'u a tsakiya mai adana shi, da hannun agogo mai juyawa baya. Sannan ki kafa masa doka, domin inji marar iyaka kashe labari yake yi: hasken yini guda ya sayi minti 8 kacal, kimanin lokacin da hasken rana ke ɗauka ya iso duniya. Idan madubi ɗaya ya karkace, sai zafin ya taru gefe guda, lu'ulu'un ya tsage. Ranar hadari kuwa injin ya mutu murus, jarumarki ta shiga uku.