Amsa ga mai tambaya: wa ya ƙirga masu sauraron rediyo?

Malam, ka ce kowace tasha a Kano cewa take ita ce kan gaba, to wa ya ƙirga masu sauraron? Na yi shekara tara a sashen talla na wata tashar FM, bari in gaya maka abin da idona ya gani.

Na'urar watsa shiri ba ta ƙirga kowa. Sauti kawai take turawa, ko mutum miliyan ne ya kunna, ko babu kowa, duk ɗaya ne a wajenta. Alƙaluman da kake ji ƙiyasi ne: a ɗebi mutane kaɗan a bi diddigin abin da suke saurara, sannan a auna saura da su. A Ingila, RAJAR ce take wannan aiki tun 1992. Mutum ake ba wa littafi na mako guda, an raba kowace awa gida huɗu, yana cike tashar da ya ji. Na talabijin kuwa BARB ce, tun 1981, ita na'ura take haɗawa da talabijin a zaɓaɓɓun gidaje, kowa a gidan da maɓallin da zai danna in ya zauna kallo. A Amurka kamfanin Nielsen ne ke wannan aiki.

Mu nan, lokacin da tashoshin duk na gwamnati ne ba wanda ya damu da ƙirga. Sai da aka kafa NBC, hukumar kula da gidajen rediyo da talabijin ta Najeriya, a 1992 aka buɗe ƙofa ga 'yan kasuwa, tashar RayPower ta fara a 1994, Freedom ta zo Kano a 2003, daga nan kuɗin talla ya zama shi ne abincin tasha. Akwai Media Planning Services a Legas da ke bincike, akwai GeoPoll mai tambaya ta saƙon waya. Dillalan tallan da ke saya wa kamfanonin layin waya da na sinadarin miya lokaci, jadawalin tashoshi da masu binciken nan ke fitarwa suke dubawa kafin su ce za su ba ka ko sisi. In sunanka yana ƙasa, kai ne mai rage farashi.

Amma ka dubi yadda muke sauraro. Rediyo ɗaya a teburin mai shayi, mutum goma a zagaye da ita, nawa za ka rubuta? Matar da ta rataye waya a ƙusa tana wanke-wanke, rediyon na yi tun hantsi har azahar, ba ta karanta boko, yaushe za ta amsa saƙon waya? Talabijin ma ya fi wuya, don ranar da aka ɗauke wuta sai a gidan kallo za ka sami jama'a.

Shi ya sa a cikin tasha muka koma ƙirga kiran waya, kuma nan muka fi yaudarar kanmu. Masu kiran nan 'yan kullum ne, irin 'yan zaɓi-sonka na da. Na san muryoyinsu kamar na 'yan gidanmu. Mutum ɗaya zai kira mu da safe, da rana ka ji shi a wata tasha yana rantsuwa ba ya jin kowa sai su.

Muna da wani shirin mata na ƙarfe goma sha ɗaya, da ƙyar a samu kira uku. Manaja ya ce a soke shi a sa hirar siyasa, tunda sojojin baka biya suke lakadan. Ana cikin haka wata hajiya mai haɗa yajin jego ta zo da kanta, da littafin cinikinta a leda. Ashe duk wadda ta zo saye sai ta tambaye ta, "A ina kika ji?" ta ja layi a gaban sunan shirin. Shafi huɗu cur na layuka, kusan duk na shirin nan ne. A ranar ta biya na wata uku gaba, manaja bai sake tayar da maganar ba.

In talla kake son bayarwa, duk tashar da ta ce ita ce ta ɗaya, ka ce a nuna maka takardar: wa ya yi binciken, wace shekara, mutum nawa aka tambaya, kuma a wane gari. Na sha ganin an ɗauko sakamakon awa ɗaya ta bayan isha'i an liƙa wa yini guda.