Da gaske akwai ramin yanke hanya a sararin samaniya?

Malam, ka tambaya ko mutum zai iya shiga wani rami a sararin samaniya ya ɓullo kusa da wata tauraruwa mai nisa nan take. A lissafi kam akwai shi, amma har yau babu na'urar hangen nesa da ta taɓa gano ko guda ɗaya.

Masana kimiyya Albert Einstein da Nathan Rosen ne suka fito da shi a 1935 daga ka'idar da ta ce nauyi yana lanƙwasa sarari da lokaci. Ɗauki tabarma ka naɗe ta har bakinta biyu su haɗu, ka huda: tururuwa za ta tsallaka ba tare da ta bi tsawon tabarmar ba.

Matsalar ita ce a 1962 John Wheeler da Robert Fuller sun nuna cewa maƙogwaron ramin yana tsukewa da saurin da ko haske ba zai samu wucewa ba. A 1988 Kip Thorne da Michael Morris suka lissafa abin da zai riƙe shi a buɗe: wani sinadari mai makamashi ƙasa da sifili, wanda ke turewa maimakon jawowa. Ɗan abin da ake samu irinsa a ɗakin gwaji bai taka kara ya karya ba, shi ya sa ni ban sa rai ba.