Fim ba magana, ba kiɗa: ina labarin?

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ƙanena mai karatun harkar fim ya nuna mini wani gajeren fim: mace ita kaɗai a ɗaki, ba magana ba kiɗa har ya ƙare. Wai a kan kaɗaicin zaman birni aka yi shi. Shin wannan ma fim ne? Daga wata mai karatu, Zariya.

Amsa: Wa'alaikumus salam, 'yar'uwa. Fim ne, kuma ina matuƙar son irinsa. Abin da kika kwatanta ya yi kama da La Chambre na Chantal Akerman, 'yar ƙasar Beljiyam, wanda ta ɗauka a New York a 1972, tana baƙuwa a garin. Minti 11 ne. Kyamara na zagaya ɗaki sannu a hankali: kujera, tebur, buta a kan murhu, sai gado, ga ita Akerman ɗin a kai tana kallonmu. In ta sake zagayowa, sai a tarar tana cin tuffa.

Mun saba a finafinan Kannywood duk mai damuwa yana da wanda zai kai wa kuka, uwa ko ƙawa, in babu a rera masa waƙa. Wanda ya sauka birnin da ba mai ce masa "ina kwana" ba shi da ko ɗaya. In darakta ya cika masa baki da zance, ya yi mana ƙarya. Shi ya sa ake jan ɗauka ɗaya ba yankewa, har mai kallo ya ƙosa, ya ɗanɗana nauyin lokaci a kan wanda ba ya jiran sallamar kowa. Da gangan aka ɗora miki wannan ƙosawar.

Ousmane Sembène, darakta ɗan ƙasar Senegal, ya bi ta wata hanya a fim ɗinsa Borom Sarret, 1963. Labarin wani mai amalanken doki ne a Dakar, cikin jama'a tsundum, amma yawancin abin da muke ji zancen zucinsa ne. Ya shiga unguwar masu hali, ɗan sanda ya ƙwace amalanken, ya koma gida hannu rabbana.

Gaskiya akwai masu fakewa da wannan salo don ba su da abin faɗi. Ki ajiye waya ki sake kallon na ƙanenki, ki lura da abin da ya sauya a ɗakin ko a jikin matar. In ba abin da ya motsa, ki tambaye shi me daraktan ke nufi, ya kare shi.