Amsa ga malamin da ƙaraminsa ya riga shi samun matsayi

Wa'alaikumus salam, Malam. Ka ce ka shekara 13 kana koyarwa da difloma a wata makarantar Islamiyya ta gwamnati a unguwar Aboabo, sai ga matashi ya zo bayanka da digiri ya tsere maka a matsayi da albashi, kana tambaya ko doka ta yarda da haka, kuma ina za ka kai kuka. Zan amsa da abin da na gani a shekarun da na yi ina koyarwa da riƙon makaranta a nan Kumasi.

Abin da ciwo, amma ta wannan fuskar ba a zalunce ka ba. Hukumar ilimi ta Gana, GES, ba ta auna girman malami da daɗewarsa riƙe da alli. Tana duba matakin da takardar shaidarsa ta ajiye shi ranar da aka ɗauke shi, sannan ta ƙirga shekaru daga ranar da ke cikin wasiƙar ƙarin girmansa ta ƙarshe. Mai difloma yana farawa daga babban sufiritanda na biyu, ya hau na ɗaya, kafin ya kai matakin da muke kira PS, wato Principal Superintendent, alhali mai digirin koyarwa a PS ɗin ake ajiye shi kai tsaye. Tun da kwalejojin horar da malamai suka koma digirin shekara 4 a 2018, irin abin da ya same ka sai ƙaruwa yake yi. Kada kuma ka ɗauka sashen ilimin Islamiyya, wanda aka kafa a 1987, yana da tsanin kansa. Ƙa'idar da ake bi da malamin makarantar mishan ita ake bi da kai.

Hanya biyu ce a gabanka, kuma mutanenmu sukan cakuɗa su. Ta farko ita ce ɗaga matsayi saboda sabuwar takarda: ka yi digiri, ko da ta karatun nesa na jami'ar Winneba ko ta Cape Coast, ka nemi a mayar da kai PS. A nan ne mutane suke faɗawa rami, domin ba kowane digiri hukumar take karɓa ba, sai wanda ke cikin kwasa-kwasan da ta amince da su. Na san wani abokin aiki da ya kwashe shekaru yana tafiya karatu duk Asabar da Lahadi, har da bashi ya ci, ya kammala digiri a fannin da babu ruwansa da aji. Da ya kai takardunsa sai aka mayar masa da fayil ɗin ko buɗe shi sosai ba a yi ba. Saboda haka kafin ka biya kuɗin fom, ka tambayi ofishin ilimi ko kwas ɗin yana cikin jerin, ka kuma nemi izini a rubuce, ka adana kwafinsa.

Ta biyu ita ce ƙarin girma na zagaye. Hukumar takan fitar da sanarwa ta ambaci shekarar da dole mai nema ya kasance ya hau matakinsa na yanzu, tare da sharaɗin yana bakin aiki ba yankewa, sai dai hutun da aka ba shi izini. Daga 2020 jarrabawa ta maye gurbin ganawar baki ga masu neman PS har zuwa muƙaddashin darakta. A ganina gara haka, domin ta rage sanayya da kamun ƙafa, ko da yake takarda ba ta ganin yadda malami yake tsayuwa a gaban yara. Digiri na biyu yana rage jira, amma sai an same shi bayan ƙarin girman ƙarshe. Rajista da lasin na hukumar NTC mai ba malamai lasin koyarwa, wadda dokar ilimi ta 2008 ta kafa, dokar 2020 kuma ta ƙara mata ƙarfi, su ma kada ka yi wasa da su.

Inda nake zargin akwai haƙƙinka shi ne shekarun nan 13. In har ba ka bar aiki ba, ya kamata a ce ka wuce inda ka fara. Ka ɗauko wasiƙar ƙarin girmanka ta ƙarshe ka ajiye ta kusa da takardar albashinka ta watan jiya. Sau da yawa na ga wasiƙa tana cewa an hau, takardar albashi kuwa tana nan a tsohon mataki, don ba a shigar da sunan mutum ba. In haka ne, ka rubuta koke ta hannun hedimastanka zuwa ofishin ilimi na Asokore Mampong, gundumar da Aboabo take ciki, ka ba wakilin ƙungiyar malamai ta GNAT, ko ƙungiyar da kake ciki, kwafi, ka nemi a biya ka ariyas daga ranar da ke cikin wasiƙar. In kuwa zagayen ne ya wuce ka ba ka nema ba, to sai ka shirya wa sanarwa ta gaba. Ka faɗa mana matakin da ke kan takardar albashinka da shekarar wasiƙar, sai mu duba wanne ne naka.